Tifa nawa ta dutse za ta ishe ni katangar tare ƙasa mai tsawon mita 18?

Ɗan Arkilla:

Assalamu alaikum. Magina da injiniyoyi, ina neman shawararku. Ina da fili a bayan unguwar Arkilla a Sakkwato, kan gangare yake. An yi ciko an daidaita shi, to yanzu ƙasar filin ta fi ta gefen kudu tudu, kuma duk damina ruwa yana yanke bakin cikon yana tafiya da shi. Ina so a gina katangar dutse da siminti ta tare ƙasar kafin ruwan bana ya sauka.

Tsawon wurin mita 18 ne. Inda ya fi tsayi mita ɗaya da rabi, yana raguwa a hankali har ya koma santimita 90 a ɗaya ƙarshen. Jar ƙasa ce mai haɗe da yashi. Na tambayi mutum biyu, ɗaya ya ce tifa uku ta dutse ta isa, ɗaya ya ce sai bakwai. Tazarar ta yi yawa. Yaya ake lissafin, yadda zan zauna da biro da takarda in fitar da kaina? In da hali a haɗa mini da siminti da yashi. Allah ya saka da alheri.

Injiniya:

Wa alaikumus salam, Malam. Mai tifa uku da mai tifa bakwai kowa yana iya zama da gaskiyarsa, domin tifa ba ma'auni ba ce. Akwai mai ɗaukar kubik biyar, akwai wadda ta haura goma sha biyar. Ka ajiye maganar tifa tukuna, mu fara fitar da kubik. Kubik ɗaya shi ne abin da zai cika akwati mai mita ɗaya a tsawo, mita ɗaya a faɗi, mita ɗaya a zurfi.

Sai mu fara da kaurin katangar, don shi ne ke cin dutse. Irin wannan katanga babu rodi a cikinta, nauyinta kaɗai ke riƙe ƙasar, saboda haka dole gindinta ya yi faɗi. Abin da ake bi shi ne faɗin tushe ya kai rabin tsayin katangar gaba ɗaya, har da abin da aka binne. Taka mita 1.5 ce a sama, a binne rabin mita, ta zama mita 2, to faɗin tushe mita 1 ke nan. Daga doron ƙasa ta tashi da kaurin santimita 90, tana tsukewa har ta ƙare da santimita 40 a sama. Kada saman ya gaza 40, in ya gaza magini ba zai samu wurin da zai zaunar da duwatsu biyu su kama juna ba.

Yanzu ka ɗauka an yanka katangar kamar yadda ake yanka burodi, kana kallon fuskar yankan. Ɓangaren sama: ka haɗa 0.9 da 0.4, ka samu 1.3, ka raba biyu, 0.65 ke nan, shi ne matsakaicin kauri. Ka ninka da tsayi 1.5, ka samu 0.975. Tushe: 1 sau 0.5, wato 0.5. Ka haɗa su, 1.475. Wannan shi ne kubik ɗin da kowace mita ɗaya ta katangar za ta ci. Da a ce duk tsawon mita 18 tsayinsa 1.5 ne, sai ka ninka da 18, ka samu kubik 26.55.

Amma naka wurin yana gangarowa, babu dalilin da za ka zuba gindin santimita 90 inda ƙasar ba ta kai ƙugu ba. Ka raba shi gida uku, mita shida-shida, a kowane gida ka ɗauki tsayin da ya fi yawa. Gida na farko tsayi 1.5, shi ne wanda muka fitar: 1.475 sau 6, kubik 8.85. Na biyu tsayi 1.3, gindi 0.8, sama 0.4, tushe mai faɗin 0.9: jiki 0.78, tushe 0.45, jimla 1.23, sau 6, kubik 7.38. Na uku tsayi 1.1, gindi 0.7, tushe mai faɗin 0.8: jiki 0.605, tushe 0.4, jimla 1.005, sau 6, kubik 6.03. Duka ukun kubik 22.26.

To nan ne mafi yawan mutane suke kuskure. Wannan 22.26 girman ginanniyar katanga ne, ba shi ne dutsen da za ka saya ba. Dutsen da aka jibga cikin mota kusan kashi 40 cikin ɗari na wurin da ya cika iska ce, ramukan da ke tsakanin dutse da dutse. A katanga kuwa magini yana matse su ya cusa ƙanana a tsakani, dutse ya kai wajen kashi biyu cikin uku, sauran kwaɓi. Ga kuma abin da zai farfashe wajen sassaƙa, da wanda za a ware don ruɓaɓɓe ne. Shi ya sa ake ninka kubik ɗin katanga da 1.25. Naka 22.26 sau 1.25, kubik 27.8, ka ce 28.

Kwaɓi: siminti ɗaya, yashi biyar. A wannan haɗin kowane kubik na katanga yana cin kusan buhu biyu mai kilo 50, da yashi kubik 0.35. Ke nan buhu 45 da yashi kubik 8. Ginin dutse ya fi ginin bulo shan siminti nesa ba kusa ba, don dutse ba shi da fuska madaidaiciya, kada adadin ya ba ka tsoro. Kafin a fara jera dutse a zuba kankare mai kaurin santimita 10 a ƙasan ramin, haɗin 1:3:6 (siminti ɗaya, yashi uku, tsakuwa shida), saboda haka zurfin ramin santimita 60 za a haƙa. Wannan wajen kubik 1.6 ne, buhu bakwai zuwa takwas. In an gama a rufe saman katangar da hular kankare mai kaurin santimita 7 ko 8, haɗin 1:2:4, buhu huɗu. Gaba ɗaya ka sa ran buhu 57, ka ware kuɗin 60.

Saura tsakuwa, kuma ba a wasa da ita. Bayan katangar, tsakaninta da ƙasar ciko, ana zuba tsakuwa mai kaurin santimita 30 tun daga gindi har a bar santimita 30 a sama, wanda za a rufe da ƙasa mai danƙo a daɓe. Matsakaicin tsayinta a wurinka mita ɗaya, ke nan 0.3 sau 1 sau 18, kubik 5.4. Ka ƙara ta kankaren tushe da ta hula, wajen kubik biyu, da ɗan abin da zai ɓace a ƙasa. Kubik takwas ya isa.

Tsohon Magini:

Lissafin Injiniya ya yi daidai, Allah shi ƙara sani. Sai dai, ɗana, akwai dutsen da bai shiga lissafin ba, kuma in anka bar shi aikin duka na iya tafiya. Ruwa in ya taho ya iske katanga gabansa, bakin ƙarshenta yake nema shi zagaya. Shi ci ƙasar da ke wurin, shi shiga ƙarƙashin tushe ta gefe. Don haka kowane ƙarshe ana yi mashi fiffike, wato a karya katangar ta shiga cikin tudu kamar mita ɗaya da rabi. Fiffiken biyu za su ci wajen kubik uku na gini, dutse kusan kubik huɗu, siminti buhu shida, yashi kubik ɗaya. Ka ɗora bisa na Injiniya: dutse kubik 32.

Sannan ka san irin dutsen da za a kawo maka, don lissafin 1.25 na dutse nagari ne. Nan ƙasar Sakkwato ba mu da baƙin dutsen fasa irin na ƙasar Zamfara, sai an ɗauko shi daga nesa, kuma kuɗin mota shi ke sa shi tsada. Abin da muke da shi kusa iri biyu ne. Akwai jan dutse na marmara da ke saman tuddai, akwai farin dutse irin wanda masana'antar siminti ta Kalambaina ke haƙa. Jan dutsen wani ƙarfe ne sosai, baƙi-baƙi, in ka buga mashi guduma sai shi yi ƙara ƙal. Wanga yana yin katanga mai daɗewa. Wani kuwa dunƙulen ƙasa ne kawai da ya bushe, in ka buga sai ka ji dum, ka murza da yatsa jan gari shi biyo hannunka. Shi farin, da yawansa laushi gare shi, yana shan ruwa, kada a sa shi a tushe ko wurin da laima ke zama.

Gwajin ba wuya. Kafin ka biya kuɗi ka ɗauko guda uku ko huɗu, ka ɗora bisa sikeli suna bushe, ka jefa su cikin bokitin ruwa su kwana su yini. Ka fiddo ka goge ka sake aunawa. Dutse mai kilo goma in ya ƙara fiye da rabin kilo, mai shan ruwa ne, ka bar shi. In kuwa ka iske ruwan ya yi ja kuma gefen dutsen na marmashewa, ko kyauta anka ba ka kada ka karɓa. In dole jan dutse za ka saya kuma motar gauraye take zuwa, mai ƙarfi da maras ƙarfi, to ka ninka da 1.4 maimakon 1.25, don za a ware da yawa. Wanda anka ware ba asara ba ne gaba ɗaya, yana shiga ciko can nesa da katanga.

Girma ma abin dubawa ne. Mafi yawa su zama santimita 20 zuwa 35, wanda mutum guda ke ɗagawa da hannu biyu. Manya su tafi tushe. Cikin kowane kashi biyar, kashi guda shi zama ɗiyan dutse, ƙanana kamar dunƙulen hannu, su ake cusawa tsakani. Inda babu su, magini kwaɓi zai riƙa zubawa cikin ramukan, kuma nan ne buhu biyun Injiniya ke komawa uku. Sai kuma dogayen duwatsu na ɗauri, waɗanda ake kwantarwa su ratsa kaurin katangar daga gaba zuwa baya. Kowace murabba'in mita ta fuskar katanga tana son guda biyu, naka wajen 45 zuwa 50 ke nan. Tun ranar da anka sauke mota a tsince su a ajiye gefe, in ba haka ba leburori za su farfasa su. Ƙasa inda kaurin ya wuce santimita 60 ba a samun mai ratsawa shi kaɗai, sai a sa biyu, ɗaya daga gaba ɗaya daga baya, su haɗe su wuce juna da taƙi guda. Katangar da babu ɗauri fuska biyu ce kawai da ɓaraguzai a tsakiya. Za ka ga cikinta ya kumburo, sannan fuskar gaba ta ɓalle ta zube ta bar ta baya tsaye.

Awon kwaɓi kada a yi shi da shebur. Buhu guda kwanon leburori biyu ne, don haka ɗaya da biyar shi ne buhu guda da yashi kwano goma, a shafe bakin kwanon kada a yi mashi tozo. Yashin gulbi mai kaifi, wanda in ka damƙa ka saki ba ya barin laka a tafin hannu. A jiƙa dutse kafin a aza, don busasshen dutse da ya sha ranar Afrilu zai tsotse ruwan kwaɓi nan take, simintin shi mutu bai kama ba. Kuma kada a kwaɓa abin da ya wuce aikin rabin awa.

Ɗan Runjin Sambo:

Malam, ni ina ganin wahala ce wannan. Me zai hana a sa bulo mai inci tara a cika ramukansa da kankare? Ya fi sauri, ba sai an nemo dutse kubik talatin ba, kuma ba zai cinye mita ɗaya na filin ba.

Injiniya:

Ɗan'uwa, tambayarka tana da kyau, kuma mutane da yawa haka suke yi. Bari in sa maka lambobi. Busasshiyar ƙasa mai yashi da ta kai tsayin mita 1.5 tana tura kowace mita ɗaya ta katanga da ƙarfin da ya kai wajen kilo 700. In ta jiƙe sharkaf ruwa ya tsaya a bayan katangar, turin yana kaiwa tan ɗaya da rabi, ya ninka har da ƙari. Bulo mai inci tara kaurinsa santimita 23 ne kacal. Ko an cika shi, nauyinsa a wannan tsayin bai wuce kilo 800 ba, kuma a kan siririn gindi yake tsaye, turi kaɗan zai kifar da shi. Katangar dutsen da muka lissafa jikinta na sama kaɗai ya haura tan biyu a kowace mita, ga gindi mai faɗi. Bulo yana yi in an ba shi tushen kankare mai faɗi da rodi da ya taso daga tushen ya ratsa cikin ramukan, an lissafa girman rodin da tazararsa. Wannan wani aikin ne daban, kuma in ka haɗa kuɗin rodi ba lalle ya fi araha ba.

Abin lura kuma, turin ba ya tafiya daidai da tsayi. In tsayi ya ninka biyu, turi ninki huɗu yake yi, ƙarfin kifarwa kuwa ninki takwas. Shi ya sa wannan lissafin na rabin tsayi nake tsayar da shi a mita biyu sama da ƙasa. Abin da ya wuce haka, ko wurin da za a ajiye mota ko tankin ruwa ko a yi gini dab da bakin katangar, sai injiniya ya je ya ga wurin da idonsa.

Tunda ruwa ne ke ninka turin, dole a ba shi hanya. A binne bututun roba mai inci uku ya ratsa katangar, duk bayan mita ɗaya da rabi, guda 12 a layin ƙasa, santimita 15 zuwa 20 sama da doron ƙasar waje. Layi na biyu a tsayin santimita 80, kowane bututu ya faɗo tsakiyar biyun da ke ƙasansa. A ɗan karkata su bakin waje ya fi yin ƙasa. Duka wajen mita 20 na bututu za su ci. Bakin ciki ya ƙare a cikin tsakuwa, a tara masa manya-manyanta, a sa raga don kada yashi ya bi. Ruwan Sakkwato a shekara ba shi da yawa, amma cikin wata uku zuwa huɗu yake zuba, kuma na Agusta yana sauka kan ƙasar da ta riga ta ƙoshi. A lokacin katangu suke faɗuwa.

Mai Tifa:

Alhaji, tunda an fitar maka da kubik, bari in faɗa maka yadda za ka mayar da shi mota. Kada ka yi ciniki a waya da sunan "tifa ɗaya". Ka je da tef ɗinka ka auna cikin bodin motar da za ta yi maka aikin: tsawo, faɗi, da zurfin da kayan zai kai. Misali tsawo mita 4, faɗi 2.2, zurfi 0.8, in ka ninka ka samu kubik 7. Kubik 32 a irin wannan mota sawu huɗu da rabi ne, ka ce biyar. A babbar mota mai ɗaukar 12, sawu uku. Ka ga inda uku da bakwai ɗinka suka fito: mai cewa bakwai ƙaramar mota mai kubik biyar yake nufi. Ka rubuta lambar motar da ka auna, ita za ta riƙa zuwa, don in an canja mota awo ya canja.

Zurfin kuma na kaya za ka auna, ba na bodi ba. Dutse nauyi gare shi, kubik ɗaya na fasasshen baƙin dutse yana kai tan ɗaya da rabi ko ya ɗan ɗara. Motar da ake cika ta fal da yashi ko ƙasa ba dole direba ya yarda ya cika ta da dutse haka ba, saboda tayoyi da sifirin. In ta iso, kafin a juye ka hau ka duba, a baje saman da ido, ka sa tef daga bakin bodi zuwa kan dutse ka cire daga zurfin bodin. Santimita 15 da ta ragu a motar da na ba da misali kubik 1.3 ne. A sawu biyar ka yi asarar kusan mota guda.

In a wurin fasa dutse za ka saya inda ake sayarwa da tan a kan sikeli, ka ninka kubik da 1.6. Kubik 32 tan 51 ke nan, mota mai tan 30 sawu biyu, har ka samu ɗan rara. Ka karɓi takardar sikeli mai nuna nauyin mota da kaya da nauyinta ba kaya.

Wanda aka riga aka juye a ƙasa ma ana auna shi. In tulin ya tashi kamar hular malfa, ka auna faɗin gindinsa daga wannan gefe zuwa wancan, ka ninka shi da kansa, ka ninka da tsayin tulin, sannan da 0.26. Tuli mai faɗin mita 4 da tsayin 1.5: 4 sau 4 sau 1.5 sau 0.26, kubik 6.2. Wanda ya fi wannan tabbas shi ne leburori su jera shi murabba'i, tsayin mita ɗaya, ka auna tsawo da faɗi. Sai dai jerarren dutse ya fi na cikin mota matsewa, in ka ga ya ragu da kashi ɗaya cikin goma ba cuta ba ce.

Abu biyu ke rage maka kaya ba ka sani ba. Na farko ƙatti-ƙattin duwatsu: mota takan yi kamar ta cika, alhali ramukan da ke tsakaninsu yaro zai iya shiga, kuma sai ka sake biyan masu fasawa. Na biyu ƙasa. In da katafila aka yi lodi tana kwasowa har da turɓaya ta zuba a ƙasan bodi, sama dutse ƙasa gari. Ka tsaya lokacin juyewa, abin da ya fito a ƙarshe shi zai gaya maka gaskiya. Lodin hannu ya fi tsabta.

Shawarata kada ka saya duka rana ɗaya. A kawo kashi biyu cikin uku, a gama tushe da gida na farko, magini ya ga yadda dutsen ke ci, sannan a ƙarasa da sauran. Amma kada ka ja abin har ruwa ya sauka, don hanyoyin shiga wuraren haƙar dutse suna lalacewa da damina, mota mai nauyi ba ta shiga, kuɗi ya tashi. Kuma a juye kusa da wurin aiki amma nesa da bakin ramin tushe da aƙalla mita biyu, don nauyin mota ko na tulin yana rufta bakin rami.

Ɗan Arkilla:

Na gode ƙwarai, Allah ya biya ku. Na zauna na sake buga lissafin da kaina kuma ya fito daidai. Abu biyu suka rage mini. Gefen kudu iyakata ce da maƙwabci, ba ni da damar in shiga filinsa ko da taƙi ɗaya, to ta wane gefe katangar za ta tsuke? Na biyu, ina so daga baya in ɗora katangar bulo ta gida a kanta. Wannan zai canja yawan dutsen?

Injiniya:

Malam, na farko ba matsala. Fuskar da ke kallon maƙwabci ta tashi a miƙe, duk tsukewar ta koma baya, gefen cikonka, a yi ta hawa-hawa kamar matakala. Daga 90 zuwa 40 santimita 50 ne, sai a raba shi hawa uku ko huɗu. Yawan dutsen bai canja ba, kuma tsakuwa da ƙasar da za su zauna a kan matakalar nauyi suke ƙara wa katangar. Sai dai tushen yana ɗan leƙowa gaba da santimita 10, to ka ja katangar baya da wannan gwargwadon don tushen ma ya tsaya cikin iyakarka. Ka kuma yi magana da maƙwabcin kan ruwan bututun, don a filinsa zai zuba. Abin da ya fi shi ne a ja katangar baya kaɗan a yi siririyar kwata a gindinta ta kai ruwan zuwa magudanar titi. In wurin hanyar ruwan unguwa ce, ka tuntuɓi hukumar tsara birane ta jiha kafin a haƙa.

Na biyu yana canjawa, amma kaɗan. Saman ya koma santimita 50 maimakon 40. Ƙarin matsakaicin kauri santimita 5 ne, sau tsayi 1.3, sau 18, wajen kubik 1.2 na gini, dutse kubik ɗaya da rabi, siminti buhu uku. Jimlar dutsenka ta zama 33 da rabi, sawu biyar na mota mai kubik bakwai ya rufe shi. Nauyin bulon ba shi ne abin tsoro ba, iska ce. Guguwar farkon damina tana bugun katanga mai tsayin mita biyu da ƙarfi, kuma duk bugun a kan dutsen zai sauka. Don haka tun ana ginin dutsen a dasa rodin ginshiƙai, mai milimita 12 guda huɗu-huɗu, duk bayan mita uku, su nutse aƙalla santimita 60 cikin katangar a zagaye su da kankare. In an bari sai daga baya a zo ana fasa dutse don a dasa su, an raunana saman.

Sannan inda gida ɗaya ya haɗu da ɗaya, a mita 6 da mita 12, a bar tsaga mai faɗin yatsa daga tushe har sama, a sa siririn katako ko soso a ciki. Ƙasa ba ta zama daidai a ko'ina, ga zafin da ke haura digiri 40 a bazara da sanyin hunturu. In ba ka bar mata tsaga ba za ta yi wa kanta inda ta ga dama. Tsagar ta bi har cikin katangar bulon da ke sama.

Tsohon Magini:

Ɗana, sauran abu guda game da ciko, don shi ke kada sabuwar katanga tun ba ta ga damina ba. In anka gama gini a lulluɓe shi da tsofaffin buhunan algarara, a riƙa ba shi ruwa safe da maraice kwana bakwai aƙalla. Kada a tura ƙasa bayansa sai ya yi sati biyu. In za a cika, tsakuwa da ƙasa su tashi tare: a tsai da falle na kwano ko katako tsakaninsu, a zuba tsakuwa gefen katanga, ƙasa ɗaya gefen, kaurin santimita 20, a yayyafa ruwa a daɓe da hannu, a ja fallen sama, a sake. Kada a bari tifa ta juye ƙasa kai tsaye bayan katangar, kuma kada a sa baƙar lakar fadama, tana kumbura in ta sha ruwa.

Siminti ma ka saye shi kashi-kashi, buhu ashirin-ashirin, a aza bisa katako nesa da bango. Wanda ya fara dunƙulewa, in ka matsa dunƙulen da yatsa bai fashe ba, kada shi shiga kwaɓin katanga.